Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Ga Gwamnan Kebbi: A Karanci Ƙasar Gwandu Kafin A Yanka Ta Fuloti

Zuwa ga Mai Girma Gwamnan Jihar Kebbi,
Kwamared Dokta Nasir Idris, Ƙauran Gwandu.



Ina rubuto maka daga Dodoru cikin ƙasar Gwandu. Na bar takardar a buɗe kowa ya karanta domin maganar da ke cikinta ta shafi manomin Diggi da na Kambaza, ta shafi mai fuloti a bakin Kalgo, kuma ba irin wadda ake gamawa a zaure ɗaya ba ce. Taswira nake roƙo, ranka ya daɗe. Taswirar da za ta nuna gari gari, unguwa unguwa, inda ruwa ke bi in ya yi ƙarfi, inda ƙasa ke saurin zaftarewa, da inda bai kamata a bar kowa ya aza tubali ba.

A ƙarshen watan Mayun 2025 masifa ta auka wa garuruwa biyu, kwana ɗaya tsakani. Ran 28 ga wata, a kudancin Suwizalan, wani tarin ƙanƙara da ke maƙale a jikin tsauni ya ɓalle haɗe da duwatsu da laka, ya binne kusan dukkan wani ƙauye mai suna Blatten. Mutum kimanin 300 ke zaune a ƙauyen, amma rai ɗaya aka rasa. Dalili kuwa, masana duwatsu sun daɗe da sa wa tsaunin ido, sun ga yana tsagewa, hukuma ta kwashe mutane da dabbobinsu kwana tara kafin abin ya faru. Da asubahin 29 ga wata ruwa ya shiga Mokwa a Jihar Neja, ya ratsa Tiffin Maza da Unguwar Hausawa mutane na barci. Cikin kwanakin farko an ƙirga gawa fiye da 150, ban da waɗanda har yau ba a san inda suke ba. Ajali na Allah ne, babu mai ja. Amma a gari ɗaya akwai wanda albashinsa ke fita don ya duba ƙasa ya yi gargaɗi, kuma akwai hukumar da ta ji ta ɗauka.

Wani zai ce ina ruwan Bagwandare da ƙanƙarar Turai, mu da zafin Afrilu ke hana mu barci? Ruwanmu da ita ya fi yadda ake zato, kuma tun da kai malami ne kafin ka zama gwamna, har ka shugabanci ƙungiyar malaman makaranta ta ƙasa, na san ba za ka ƙi a ɗan tsaya a allo ba.

Kimanin shekara miliyan 445 da suka wuce, wannan ɓangare na Afirka yana kusa da ƙuryar kudu ta duniya, ƙanƙara kuma ta lulluɓe inda Sahara take yau. A tsaunukan Jado da ke arewa maso gabashin Nijar, da na Tassili a Aljeriya, har yanzu ana ganin dogayen kartar da ƙanƙarar ta yi wa duwatsu tana jan jiki a kansu. Wannan ya yi nisa, kuma duwatsun zamanin ba su bayyana a wajenmu. Namu sun fi ƙuruciya. Mafi tsufa cikin shimfiɗun ƙasar da suka cika kwarin Sakkwato su ne waɗanda masana suka raɗa wa sunan Gundumi da Illo, Illon nan tamu ta Bagudo, inda ake samun gungumen itace da ya riƙiɗe ya zama dutse. Daga baya, tsakanin shekara miliyan 70 da miliyan 55, wani hannun teku marar zurfi ya ratso Sahara daga arewa ya kwanta a kan ƙasar Sakkwato da Kabi. Shaidarsa na nan. A ƙasar Goronyo aka tono ƙasusuwan wata ƙatuwar dabbar teku da masana ke dangantawa da guza da damo, aka fara bayaninta a 1930, sannan a 1972 wasu masana 'yan Italiya suka sa mata suna Goronyosaurus, don tunawa da garin. Farin dutsen Kalambaina da ake ƙonawa a yi siminti tun 1967, tarin ɓawon halittun wannan teku ne. Duk wanda ya yi daɓe da simintin Sakkwato, a kan ragowar teku yake shimfiɗa tabarmarsa.

Da tekun ya janye, sai koguna da tafkuna suka yi ta zuba yashi da yumɓu, shimfiɗa kan shimfiɗa, shekaru miliyoyi. Wannan tarin shi ne ƙasar da Dodoru da Gwandu da Birnin Kebbi da Kalgo ke zaune a kai, kuma a littattafan ilimin duwatsu na duniya sunan Gwandu yake ɗauke da shi. Ɗalibi a Zariya ko Faris ya san shimfiɗar Gwandu, ya san tana ƙara kauri in an nufi yamma wajen iyakar Nijar, ya san akwai ruwa a cikinta. Abin takaici, ɗan Gwandu kan gama sakandare bai taɓa jin haka ba.

Dubi tsaunukanmu, ranka ya daɗe, waɗannan masu shafaffen kai da ake hangowa daga hanya. Kusan tsayinsu ɗaya, kuma ba banza ba. A da fili ɗaya ne shimfiɗaɗɗe, wanda jan dutsen marmara mai ƙarfe ya rufe, duk kwarin da ke tsakanin wannan tsauni da wancan kuwa ruwa ne ya kwashe ƙasarsa a hankali. Marmarar tana kan tsauni kamar faifai a bakin ƙwarya: muddin tana nan, abin da ke ciki yana nan. A ƙarƙashinta babu komai sai yashi marar danƙo da yumɓun da ba ya barin ruwa ya nutse. Ran da aka fasa ta, ruwan sama ya sami ƙofa, ya ci yashin, ya tarar da yumɓu ya bi ta kansa a kwance, gefen tudu ya rufta. Haka kwazazzabo ke farawa, kuma ba gaba yake ci ba, baya yake ci, yana hawa tudu damina bayan damina har ya iske gona ko maƙabarta ko bangon makaranta.

Yanzu ga inda ƙanƙara ta shigo gidanmu. Kimanin shekara 21,000 da suka wuce, ƙanƙara mai kaurin kilomita biyu zuwa uku ta danne Kanada da arewacin Turai. Ruwan duniya da yawa ya daskare a can, har teku ya ja baya da kimanin mita 120. Mu nan abin da ya same mu fari ne marar misali. Damina ta yi rauni, Sahara ta gangaro kudu da ɗaruruwan kilomita, iska ta tara tuddan rairayi a ƙasar Hausa. Wani Bature masanin labarin ƙasa, A. T. Grove, ya yi bayanin waɗannan tsofaffin tuddai a 1958, a 1971 kuma wasu 'yan Holan biyu, Sombroek da Zonneveld, suka fitar da bincike a kan tsofaffin tuddan rairayi da shimfiɗun koguna na kwarin Rima da Sakkwato kansa. Jigawar da muke shuka gero da wake a kai, da yawanta rairayin hamada ne da ya kwanta, ciyawa da itace suka ɗaure shi. A kwance kawai yake. In aka tsiraita shi, iska ta ɗauka da rani, ruwa ya ɗauka da damina.

Da ƙanƙarar ta narke sai al'amari ya juye. Daga wajen shekara 11,000 zuwa 5,000 da suka wuce, Sahara ta yi kore, da tafkuna da dorina da kada. Tafkin Chadi ya kai faɗin murabba'in kilomita wajen 350,000, kuma tsohuwar gaɓarsa ita ce doguwar tudun nan da ta ratsa Bama da Maiduguri. Kwalekwalen Dufuna da aka gano a Yobe a 1987, mai shekara kimanin 8,000, na mutanen wancan zamani ne. A yammacinmu cikin Nijar, Dallol Mawri da Dallol Bosso manyan koguna ne a lokutan damshi irin wannan, yau kwaruruka ne busassu masu faɗi. Gulbinmu bai mutu kamar su ba, amma ya rame. Wanda ya tsaya a kan Dukku a Birnin Kebbi da rani, ya dubi faɗin fadama, kilomita da dama, sannan ya dubi siririn ruwan da ke murɗawa a cikinta, ya san wannan ɗan ruwa ba shi ya yanka wannan kwari ba. Gulbin da ya fi shi girma nesa ba kusa ba ne ya yi aikin. Fadama gidan gulbi ce, aro muke yi, kuma mai gida yakan dawo duba kayansa ba tare da sallama ba.

Ya dawo a Satumban 2010, lokacin da madatsar Goronyo, mai ɗaukar ruwa kubik mita miliyan 942, ta cika ta tumbatsa, ruwa ya yanke hanyar Jami'ar Usmanu Ɗanfodiyo a Sakkwato, ya gangaro ta Argungu ya shafe gonaki da ƙauyuka. Ya dawo a 2012. A 2020 kuwa rahotanni sun ce ya cinye shinkafa a hekta wajen 450,000 a jihar nan, shekara biyar kacal bayan an ƙaddamar da shirin ba manoma bashi na Anchor Borrowers a Birnin Kebbi, a Nuwamban 2015. Mutane sun ci bashi sun zuba a fadama, gulbi ya karɓa, bashi ya rage a wuya. Ban ce a bar noman fadama ba, Allah ya kiyaye, wannan laka da ambaliya ke kawowa ita ce arzikin Kabi tun zamanin Kanta. Amma noma a fadama daban, kwana da iyali a cikinta daban. Magabata sun san wannan sarai. Surame a kan tudu aka gina ta, da dutsen wurin. Tsohuwar Birnin Kebbi a kan gaɓa take tana kallon fadama daga sama. Gwandu kanta tsaunukan da ke kewaye da ita na cikin abin da ya taimaki jama'ar Shehu Usmanu Ɗanfodiyo suka tsira bayan yaƙin Alwasa a 1805.

To me ya canja? Fari ya ruɗe mu. A shekarun 1970 da 1980 damina ta yi ƙaranci, wuraren da kakanni ke tsoro suka bushe shekara da shekaru, jama'a ta ƙaru, aka gangara aka yi gini a hanyar ruwa, waɗanda aka haifa a lokacin suka tashi suna zaton nan tudu ne. A cikin farin nan kuma itatuwa suka mutu, aka sare na sarewa, ƙasa ta zama fako. Masana ruwa sun lura da wani abin mamaki a yankin Sahel: ruwan sama ya ragu, amma ruwan da ke kwarara cikin koguna ya ƙaru, domin fako ba ya sha, turawa yake yi. Yanzu ga damina ta dawo da wani sabon hali. Wani bincike da mujallar Nature ta buga a 2017 ya nuna cewa manyan hadarurruka masu zubar da ruwa lokaci guda sun ninka sau uku a Sahel tun daga 1982. Ɗumamar duniyar da ke narkar da ƙanƙarar Suwizalan ita ce ke ƙara wa Sahara zafi, zafin kuma ke ƙara wa hadarinmu ƙarfi. Ruwan mako biyu ya sauka a dare ɗaya, kan ƙasar da aka cire wa marfi.

Ba na raina buhun shinkafa da bandir ɗin kwano da ake rabawa bayan ɓarna. Wanda ya kwana a ajin firamare da 'ya'yansa ya san darajar bargo. Sai dai kuɗin agaji kowace shekara fita suke ba su dawowa, kuma gidan da aka sake ginawa a inda ruwa ya rushe shi, jiran wata damina yake.

Abin da ya sa na ce taswira, aikin ba daga farko za a fara shi ba. Tun shekarun 1960 hukumar binciken ƙasa ta Najeriya da takwararta ta Amurka suka haƙa rijiyoyin gwaji a kwarin Sakkwato, rahoton Anderson da Ogilbee ya fito a 1973, ya nuna cewa a cikin shimfiɗar Gwandu akwai ruwa matse a ƙarƙashin yumɓu, wanda a wasu wurare masu gangare yake tunkuɗo kansa sama ba famfo. Duk masanin da ya taka wannan ƙasa ya bar rubutu, irin su Farfesa Cornelius Kogbe da ya yi shekaru yana nazarin duwatsun yankin. Hotunan tauraron ɗan'adam na ambaliyar 2020 suna nan kyauta a intanet, suna nuna iyakar da ruwa ya kai. Jami'ar Tarayya ta Birnin Kebbi a kan hanyar Kalgo take, jami'ar jiha na Aliero, ta Ɗanfodiyo na Sakkwato. Abin da ya rage shi ne gwamnati ta haɗa waɗannan hannuwa, ta ba su kuɗin mota da na awo, ta sa musu wa'adi. Kuma kada su tafi su kaɗai. A haɗa su da uwayen ƙasa da hakimai da sarakunan ruwa da tsofaffin da za su nuna da sanda su ce, shekarar kaza ruwa ya kai gindin waccan tsamiya. Wannan ilimi yana mutuwa da masu shi, kuma babu na'urar da za ta maido shi.

In taswirar ta samu, a ba ta haƙori. Kada ma'aikatar filaye ko ƙaramar hukuma ta yanka fuloti, kada a aza makaranta ko asibiti, sai an duba ta. Wanda ya riga ya zauna a wuri mai haɗari, a ba shi fili a tudu kafin a ce ya tashi, don ba a korar talaka zuwa sarari. A kuma liƙa ta a fadar kowane hakimi da Hausa, da boko da ajami, ba a kulle ta a durowar Birnin Kebbi ba.

Sai maganar marmara, wadda na fi jin zafinta domin ita ce ta tudu irin namu. Duk hanyar da za a yi sai an ci tsauni, wannan dole ne. Amma katafila ta fasa gefen tsaunin da ke saman gari, tifa ta kwashe, ɗan kwangila ya karɓi kuɗinsa ya tafi ya bar rami a buɗe, wannan ba dole ba ne. Ramin ya zama kududdufin da yara ke faɗawa, bakinsa kuma ya zama mafarin kwazazzabo. Haka kwalbatin da ke tara ruwan fili mai faɗi ya feso shi ta baki ɗaya kan yashi, ba a yi masa shimfiɗar dutse ba, ba a raka ruwan har inda zai huce ba. A sa a cikin takardar kwangila cewa injiniyan gwamnati ne zai nuna inda za a ɗebi marmara, kuma ba a biyan kason ƙarshe sai an gyara ramin. Wannan ba ya bukatar sisin Bankin Duniya, sa hannunka kawai yake bukata.

Wani abu mai araha irinsa: masu haƙa burtsatse. Kowace rijiya da aka haƙa a jihar nan, mai injin ya ga abin da ya fito, yashi a mita kaza, yumɓu a mita kaza, ruwa a mita kaza, sannan ya naɗe tiyonsa ya tafi da labarin a kansa. A wajabta musu cika takarda guda su miƙa wa ma'aikatar ruwa. Cikin 'yan shekaru jihar za ta san cikin ƙasarta fiye da yadda kowane bincike mai tsada zai gaya mata, ta kuma san ko ruwan da noman rani ke zuƙa yana komawa ko raguwa yake.

Gyaran tudu kuwa ba sai an je nesa koyo ba. A Keita cikin jihar Tawa, inda tsaunuka masu marfin marmara suke irin namu, tun 1984 aka shiga aikin jera duwatsu a kan gangare, da haƙa ramukan tare ruwa, da datse ƙoramu tun daga sama, yawancin aikin ma mata suka yi shi. A ƙasar Maraɗi manoma sun daina tumɓuke tohon kututture, suna sassabe shi su bar mai ƙarfi ya girma, har aka ƙiyasta itatuwa wajen miliyan 200 sun dawo a kudancin Nijar, gawo a gaba. Hausa suke ji, gero suke ci, mota ɗaya ta isa ta kai manoman Gwandu su gani da idonsu. Shirin ACReSAL na dala miliyan 700 da Bankin Duniya ya amince da shi a Disamban 2021 domin jihohin Arewa, irin wannan aiki aka yi shi dominsa. Ina roƙon kason Kebbi ya hau tudu inda ruwa ke farawa, kada ya ƙare duka a kankaren bakin kwazazzabon da ya riga ya girma.

Ruwan da ke cin Kalgo da Bunza kuma ba a Kebbi kaɗai yake sauka ba. Wani ya faɗi a ƙasar Katsina, ya bi Gulbin Maraɗi ya shiga Nijar, ya dawo ya faɗa Rima. Wani ya taso daga Zamfara ya ratsa Bakolori, wani ya biyo ta Jega. Kafin ya iso mu yana cin kwanaki a hanya, kuma waɗannan kwanaki su ne dukiyar da muke zubarwa. Hukumar NIHSA na fitar da hasashen ambaliya kowace shekara, NiMet na fitar da na damina, amma hasashen da ya ce ƙaramar hukuma kaza na cikin haɗari bai gaya wa mai shinkafa ko ya yanke ta ɗanya yau ko ya jira jibi ba. A nemi yarjejeniya a rubuce da hukumar raya kogunan Sakkwato da Rima, cewa ba za a buɗe ƙofar Goronyo ko Bakolori ba sai an sanar da Birnin Kebbi awa da adadi. A kafa sandunan awo a gadojin Argungu da Birnin Kebbi da Jega da Bunza, kowace da mutumin da ake biya ya karanta safe da yamma ya buga waya. Daga nan labari ya bi rediyo da limamai da masu shela, ya isa ga mutum da sunan ƙauyensa, da sunan tudun da zai nufa.

Ranka ya daɗe, aikin awo da rani ake yinsa, lokacin da mota ke shiga fadama kuma bangon kwazazzabo ya bushe ana iya karanta shimfiɗunsa. In aka sa shi a kasafin kuɗi mai zuwa, aka fara da Gwandu da Kalgo, ɗaya tudu ɗaya fadama, za a sami samfurin da sauran ƙananan hukumomi 19 za su bi. Ɗaliban jami'o'in nan su yi aikin a matsayin na kammala karatunsu, a kuma ɗauki abin da suka samo a mayar da shi ɗan littafi da Hausa domin 'yan firamare da sakandare na jihar.

Allah ya ƙara maka lafiya, ya ba mu damina mai albarka.

Wassalam.

Naka,
Wani talakanka daga Dodoru,
Ƙaramar Hukumar Gwandu.